Howard Hughes, attajirin da ke zuwa zance da jirgin sama

Wanda duk ya taɓa shiga babban jirgin sama, ya kishingiɗa bisa kujera mai taushi, aka kawo masa abinci da zafinsa alhali gajimare na ƙarƙashinsa, to ya ci moriyar wahalar waɗansu mutane ƙalilan da suka mai da tafiyar sama abin marmari bayan da can abin tsoro ce. Ɗaya daga cikinsu shi ne Howard Hughes, Ba'amurke, wanda ya bar duniya a shekarar 1976. A zamaninsa ba a raba sunansa da abu uku: dukiya, da jirage, da kyawawan matan sinima. Kuma a wurinsa ukun nan igiya ɗaya ta ɗaure su, domin da dukiyar yake ƙera jirage, da jiragen kuma yake zuwa zance.

An haife shi ran 24 ga watan Disamba na 1905 a jihar Teksas. Mahaifinsa ya samu arzikinsa ne daga wani bakin ƙarfe mai haƙora masu juyawa, wanda ke huda dutse wajen haƙar rijiyar man fetur. Ba ya sayar da shi, haya yake bayarwa, saboda haka kusan kowace rijiya aka haƙa sai wani abu ya shigo aljihunsa. Yaron shi kaɗai ne wajen iyayensa, uwarsa kuwa mace ce mai tsananin tsoron cuta, kullum tana duba jikinsa, tana raba shi da yara da zarar an ce wata annoba ta ɓullo. Ta rasu a 1922, uban ya bi ta a farkon 1924. Ga yaro ɗan shekara 18, ga kashi uku cikin huɗu na kamfanin uba a hannunsa. Bai tsaya wata-wata ba, ya bar makaranta, ya sa kotu ta ɗauke shi a matsayin baligi, ya sayi rabon sauran dangi don kada kowa ya sa masa baki. Halin nan na ƙin abokin shawara, shi ya bi shi har kabari.

A 1925 ya auri Ella Rice, ɗiyar wani babban gida na birnin Houston, suka ƙaura zuwa Holiwud, garin masu shirya sinima. Auren bai yi ƙarko ba, a 1929 ta nemi saki, domin miji ya tare a filin jirgi. Abin da ya ɗauke masa hankali shi ne fim ɗin nan mai suna Hell's Angels, labarin matuƙan jiragen yaƙin duniya na farko. Ya tara tsofaffin jiragen yaƙi masu yawa, ya zauna makonni yana jiran gajimare irin wanda yake so ya fito a hoto, ya kashe kusan dala miliyon 4. In mun ce dala a nan, ta Amurka muke nufi, kada mai karatu ya zaci dalarmu ta kasuwa mai tamma biyar. Mutum huɗu suka mutu wajen aikin fim ɗin, shi kansa ya faɗo da jirgi ya fashe kai, sa'ad da ya nace sai ya gwada wata juyawa da gwanayen matuƙa suka ce ba ta yiwuwa.

A 1932 ya yi wani abu da ke nuna cewa son jirgin nan ba na nuna isa kaɗai ba ne. Ya ɓad da kama, ya ɗauki aiki a kamfanin American Airways da sunan Charles Howard, yana mataimakin matuƙi, yana ɗaukar akwatunan fasinja, don ya ga yadda sana'ar take daga ƙasa. Bai daɗe ba aka gane shi. Shekarar nan ce kuma ya kafa kamfaninsa na ƙera jirage. Ran 13 ga Satumba na 1935 ya tuƙa jirginsa H-1 da gudun kilomita 567 a awa, gudun da wani jirgi mai sauka bisa tudu bai taɓa yi ba, har mai ya ƙare masa ya sauka cikin gonar mutane. A watan Janairu na 1937 ya ratsa Amurka daga Kalifoniya zuwa kusa da Niyok cikin awa 7 da minti 28.

Cikin waɗannan shekaru ne ya haɗu da Katharine Hepburn, ƴar wasan sinima, ɗiyar likita, mace mai kaifin baki wadda kuɗi ba su ruɗa ta. Farkon ganinsu a 1935 ne, ana ɗaukar wani fim a bayan gari, sai ga jirgi ya sauko kusa da wurin aikin, mai shi ya fito wai ya zo cin abincin rana wajen abokinsa Cary Grant. Ita abin haushi ya ba ta, ko kallonsa ba ta yi ba. Bayan wani lokaci tana wasan golf a filin Bel-Air, sai ga shi ya sake saukowa, wannan karon a tsakiyar filin wasan, ya fito da sandunansa ya shiga wasa. Wurin ya yi ƙanƙanta jirgin ya sake tashi, sai da aka kwance shi aka kwashe a babbar mota, ita kuma ta rage wa baƙon hanya. Daga nan ya riƙa bin ta gari gari inda take wasan kwaikwayo, har ta tare a gidansa. Ya koya mata tuƙin jirgi. Ya kuma taimaka mata ta mallaki izinin mai da wasan The Philadelphia Story fim, wanda shi ya farfaɗo da sunanta bayan masu gidajen sinima sun fara gudunta.

A nan ya kamata a faɗi wani abu da ba kowa ya lura da shi ba a lokacin. Mutumin nan jinsa yana da nauyi tun yana saurayi. Cikin taro ba ya jin abin da ake faɗa, sai ya yi tsit, mutane su ɗauka girman kai ne. Ga shi da kunya, ga rashin iya magana. Ina ganin wannan ne ya sa jirgi ya zama bakinsa: abin da wani saurayi zai faɗa wa budurwa da harshe, shi sai ya ɗauke ta ya kai ta sama ta ga fitilun gari da dare.

Ran 10 ga Yuli na 1938 ya tashi daga Niyok da abokan aiki huɗu cikin jirgin Lockheed mai inji biyu, don ya kewaye duniya. Ya isa Paris cikin awa 16 da minti 38, wato rabin lokacin da Lindbergh ya ci a 1927. Daga nan sai Mosko, da Omsk da Yakutsk a Saberiya, da Alaska, ya komo Niyok ran 14 ga wata, kwana 3 da awa 19. Abin da ya so ya nuna shi ne, da na'urori masu kyau da shiri mai kyau, doguwar tafiyar sama ta daina zama caca da rai. Birnin Niyok ya fito ƙwansa da kwarkwata ya tarbe shi, ƴan jarida kuma suna jiran ranar ɗaurin aurensa da Katharine. Ba a ɗaura ba. A watan Satumba na shekarar wata babbar guguwa ta share gidan iyayenta da ke bakin teku a jihar Connecticut. Masu rubuta tarihinta sun ruwaito cewa Hughes ya aika da jirgi ɗauke da ruwan sha, shi kuwa bai zo ba, daga nan ta gane inda aka kwana.

A 1939 Jack Frye, shugaban kamfanin jiragen TWA, ya nemi Hughes ya zuba kuɗi a kamfanin. Ya shiga sayen hannun jari har daga baya ya mallaki kashi 78 cikin ɗari. Sai mai karatu ya san yadda tafiyar sama take kafin wannan lokaci. Jirage ba su iya hawa sama sosai, domin can bisa iskar shaƙa ta yi ƙaranci, saboda haka cikin hadari da guguwa suke ratsawa, suna girgiza, fasinja na amai, ƙarar inji na toshe kunne. Maganin wannan shi ne a rufe cikin jirgi ruf, a riƙa matsa iska a ciki, yadda mutum zai yi numfashi kamar yana ƙasa alhali jirgin na sama da hadari. Jirgin fasinja na farko da ya yi aiki da wannan dabara shi ne Boeing 307, mai tafiya a tsawon mita 6,000. Guda goma kaɗai aka ƙera, TWA ta samu biyar, ta fara aiki da su a watan Yuli na 1940. Da rana yana ɗaukar mutum 33, da dare a shimfiɗa gadaje 16 masu labule, ga ɗakin sauya tufafi na mata daban, na maza daban.

Hughes ya sayi ɗaya don kansa, da niyyar sake kewaye duniya, sai yaƙi ya ɓarke a Turai ya hana. Daga baya ya sa aka mai da cikinsa gida sosai, da ɗakin kwana, da makewayi biyu, da madafa, da zauren baƙi. Ƙarshen wannan jirgi abin dariya ne da tausayi: ya sayar da shi ga wani attajirin man fetur, guguwa ta lalata shi a Florida a 1964, wani ya sayi gangar jikin ya yanke fukafukai ya mai da shi jirgin ruwa.

Amma jirgin da sunansa ya fi haɗuwa da shi shi ne Constellation na kamfanin Lockheed. Tun 1939 ya gana da masu kamfanin a asirce, ya faɗa musu abin da yake so: jirgi mai inji huɗu, mai rufaffen ciki, wanda zai fi kowane jirgin fasinja gudu da nisan zango. Da yake TWA ba ta da kuɗin, kamfanin da ya gada ne ya yi odar guda 40. Wanda ya taɓa ganin hoton jirgin ba ya mance shi, jiki mai lanƙwasa kamar kifi, wutsiya mai kai uku. Kawunan nan uku ba don ado aka yi su ba, don jirgin ya iya shiga rumfunan da TWA ke da su ne, da kai ɗaya ne dogo da ya bugi rufi. Ya fara tashi a Janairu na 1943, soja suka karɓe na farko-farkon saboda yaƙi. Ran 17 ga Afrilu na 1944 Hughes da Frye suka tuƙa ɗaya daga Kalifoniya zuwa Washinton cikin awa 6 da minti 57, kuma don talla suka shafa masa jan fentin TWA, abin da bai yi wa manyan soja daɗi ba. A hanyar komawa jirgin ya tsaya a Dayton, aka ɗauki tsoho Orville Wright, wanda shi da ɗan'uwansa suka fara tashi da jirgi mai inji a 1903. Tashin nan nasa na farko bai cika mita 37 ba, faɗin fukafukan Constellation kuwa mita 37 da rabi ne.

Da yaƙi ya ƙare, ran 5 ga Fabrairu na 1946, Constellation na TWA ya buɗe hanyar Niyok zuwa Paris, da zango biyu, a Gander da Shannon, cikin kusan awa 20, tafiyar da jirgin ruwa ke yi cikin kwana biyar ko fiye. Bayan kwana goma Hughes da kansa ya tuƙa wani daga Los Angeles zuwa Niyok, ya cika shi da taurarin sinima, su Cary Grant da Paulette Goddard da Veronica Lake. Wannan ita ce dabararsa ta ciniki, kuma ta ci. Kowace tauraruwa za ta yi tafiya, mai ɗaukar hoto na jiran ta a bakin matakalar jirgi, sunan kamfani na bayanta. Jama'a suka riƙa ganin shiga jirgi tamkar zuwa biki: maza da kwat, mata da hula da safar hannu, abinci a faranti na tangaran, gado ga mai iya biya. Talaka dai sai kallo daga bayan shinge, domin kuɗin tikiti ɗaya ya fi albashin wata na yawancin ma'aikata.

Ta ciki kuwa, mulkinsa ya gallabi kamfanin. Ba shi da ofis a TWA, ba shi da muƙami, sai dai ya bugo tarho tsakar dare ya ba da umarni. Yakan ɗauke sabon jirgi ya tafi da shi ya riƙe watanni, alhali kamfani na bukatarsa. Frye ma da ya kawo shi, a 1947 ya bar kujerarsa bayan sun saɓa. Zancen mata kuma ya tashi daga soyayya ya koma tarawa. An haɗa sunansa da Ava Gardner da Ginger Rogers da Lana Turner da wasu da dama, bayan su kuma akwai ƴan mata masu neman shiga sinima da yake sa wa hannu a takardar aiki, ya kama musu gida, ya ba su direba, ya sa masu gadi su riƙa kai masa rahoton shigarsu da fitarsu, waɗansu ma ba su taɓa fitowa a fim ba. A 1950 ya ga hoton Gina Lollobrigida ta Italiya, ya gayyato ta. Ta ba da labari daga baya cewa tikiti ɗaya ya aiko, ban da na mijinta, aka ajiye ta a otel da masu tsaro a bakin ƙofa. Bayan wata biyu da ƴan kai ta koma gida, amma takardar da ta sa wa hannu ta hana ta yin fim a Amurka kusan shekara tara. Wannan ba zance ba ne, kulle ne.

Ran 7 ga Yuli na 1946 ya ɗauki wani sabon jirgin leƙen asiri, XF-11, don gwaji. Mai ya tsiyaye daga farfela ɗaya ta dama, ta juya baya, jirgin ya rinjaye shi. Ya nufi wani filin golf bai kai ba, ya afka wa gidaje uku a Beverly Hills, wuta ta tashi. Wani sajan na soja ne ya janye shi. Ƙashin wuyansa da haƙarƙarinsa sun karye, huhun hagu ya lotse, zuciyarsa ta goce zuwa dama, ga ƙuna. Likitoci sun fid da rai, amma ya tashi. Sai dai daga gadon nan ya fito da abokin da bai rabu da shi ba sai mutuwa, wato maganin kashe zafi, mofin da farko, sa'an nan kodin.

Duk da haka a 1947 ya tsaya gaban ƴan majalisar dattawa da ke tuhumarsa da ɓarnar kuɗin gwamnati wajen ƙera wani ƙaton jirgin katako mai sauka bisa ruwa, ya mai da su abin tuhuma. Ran 2 ga Nuwamba ya ɗaga jirgin, mai inji takwas da fukafukai na mita 97, ya yi tafiyar kilomita ɗaya da rabi a tsawon mita 21 bisa ruwan Long Beach. Bai sake tashi ba har abada.

Abin da ya raba shi da TWA shi ne zuwan jiragen jet, marasa farfela. Abokin hamayyarsa, kamfanin Pan Am, ya yi oda tun Oktoba na 1955. Hughes ya yi ta jinkiri, sa'an nan a 1956 ya yi odar jirage na kusan dala miliyon 400, har yana so a rina jikin waɗansu launin zinariya. Kuɗin sun fi ƙarfin aljihunsa, shi kuwa ba ya son bashin da zai sa wani ya sa masa baki. Pan Am ta fara kai fasinja Paris da jet a Oktoba na 1958, TWA sai bayan shekara guda ta ƙetare teku da nata. A Disamba na 1960 bankuna suka ba da rance bisa sharaɗin ya janye hannunsa daga mulkin kamfani. Aka shiga shari'a, alƙali ya kira shi ya ƙi bayyana, domin a lokacin ya riga ya daina yarda a gan shi. A watan Mayu na 1966 ya sayar da rabonsa dala miliyon 546.

Cutar da ta hana shi fita, tsoron ƙwayoyin cuta ce da maimaita abu ɗaya ba iyaka, cutar da likitoci ke da maganinta a yau, amma shi ba wanda ya isa ya ce masa ba shi da lafiya, tun da duk na kusa da shi albashinsa suke ci. A 1958 ya shafe wata huɗu cikin wani ɗakin kallon sinima mai duhu, ba wanka, abincinsa galibi madara da cakulan. Ba ya taɓa kome sai da takardar goge hannu. A cikin wannan hali ne Jean Peters ta zauna da shi. Ƴar sinima ce da ya sani tun 1946, suka yi aure a asirce a wani ƙaramin gari na Nevada a Janairu na 1957, da sunayen aro. Ta bar sana'arta saboda shi. Da farko kowa da ɗakinsa a otel, sai tarho da ƴan takardu ke haɗa su. Da ya ƙaura zuwa Las Vegas a Nuwamba na 1966, a jirgin ƙasa, bisa gadon marasa lafiya, ba ta bi shi ba, ba su kuma sake haɗa ido ba. Aka raba auren a 1971. Har ta rasu a 2000 ba ta taɓa tona asirinsa ga ƴan jarida ba.

A Las Vegas ya kama hawa biyu na sama na otel ɗin Desert Inn. Da masu otel suka nemi ya tashi don su ba manyan ƴan caca ɗakunan, sai ya sayi otel ɗin, wajen dala miliyon 13. Shekara huɗu bai fito daga ɗakinsa ba, tagogi a toshe. Ya sayi gidan talabijin na garin don a riƙa nuna masa fina-finai har asuba. Daga 1970 ya shiga yawo, Bahamas, Nikaragwa, Kanada, Landan, ko'ina a kai shi cikin dare, a toshe tagogi, a kunna masa fim.

A Landan ne, cikin bazarar 1973, ya ce yana so ya sake tuƙa jirgi, bayan fiye da shekara goma. Aka yi masa aski, aka yanke masa farce, aka kai shi filin jirgi na Hatfield, ya tashi ya sauka tare da wani matuƙi Bature, ya sake komawa har sau da dama. Waɗanda suka gan shi a kwanakin nan sun ce kamar an sake shi sabo. Amma a watan Agusta ya faɗi a ɗakinsa, ƙashin ƙugunsa ya karye, bai sake taka ƙasa ba.

Ran 5 ga Afrilu na 1976 aka ɗauko shi a sume daga Akapulko ta ƙasar Meziko cikin ƙaramin jirgi, za a kai shi asibiti a Houston. Ya cika a sama, saura kaɗan su sauka, yana da shekara 70. Ƙoda ce ta gaza. Mutum mai tsawon mita 1 da santimita 93, nauyinsa bai wuce kilo 42 ba, hoton likita ya nuna gutsattsarin allurai da suka karye cikin damatsansa, kuma sai da hukuma ta duba zanen yatsunsa kafin ta tabbatar shi ne. Aka binne shi kusa da iyayensa a Houston, mutane kaɗan suka halarta. Bai bar ɗa ba, bai bar wasiyyar da kotu ta yarda da ita ba, ko da yake an kawo na jabu da yawa. A 1983 aka raba dukiyar tsakanin dangi 22.

TWA ta rayu shekara 25 bayansa, a 2001 kamfanin American Airlines ya haɗiye ta. Ƙaton jirgin katakon yana gidan tarihi a jihar Oregon. Tsohon ginin TWA na filin jirgin Kennedy a Niyok kuwa an mai da shi otel a 2019, aka jawo wani tsohon Constellation aka ajiye a bayansa, aka jera kujeru a ciki, baƙi na hawa matakala su zauna su sha abin sha, jirgin na tsaye a ƙasa.